Tambayoyi da Amsoshi kan Shirya Manyan Bukukuwan Kiɗa don Yaƙi da Talauci

Tun farkon shekarun 1970 ake tara fitattun mawaƙa a filin wasa guda domin a haɗa kuɗi, ko a ja hankalin shugabanni, kan yunwa da fatara. Wasu daga cikin waɗannan bukukuwa sun ciyar da mutane da gaske, wasu kuma sun watse da alƙawuran da har yau ba a cika ba. Amsoshin da ke biye sun dogara ne kan abin da ya faru a manyan bukukuwan da aka yi a Amurka da Birtaniya da Afirka ta Kudu da Ghana, domin a can ne aka gwada hanyoyin, a can kuma aka ga inda suke yoyo.

Yaushe aka fara irin wannan biki?

Wanda aka fi ɗauka a matsayin na farko shi ne bikin da aka yi domin Bangaladash ranar 1 ga Agusta, 1971, a zauren Madison Square Garden da ke birnin Niyok. Makaɗin Indiya Ravi Shankar ne ya kai kuka wurin abokinsa George Harrison, tsohon ɗan ƙungiyar Beatles, kan miliyoyin mutanen da yaƙi ya kora daga Gabashin Pakistan, wadda ta zama Bangaladash, zuwa Indiya. An yi wasa sau biyu a rana guda, mutum kusan 40,000 suka halarta, kuma kuɗin ƙofa da aka miƙa wa asusun UNICEF ya kai kimanin dala 243,000. Idan aka auna da girman bala'in, kuɗin bai taka kara ya karya ba, amma a wannan rana ce miliyoyin Turawa suka fara jin sunan Bangaladash.

Me ya sa har yanzu Live Aid ne ake buga misali da shi?

Saboda girmansa da kuma saurin da aka shirya shi. A watan Oktoba na 1984 gidan talabijin na BBC ya nuna rahoton Michael Buerk daga garin Korem a arewacin Habasha, wanda ɗan Kenya Mohamed Amin ya ɗauki hotunansa. Mawaƙin Ireland Bob Geldof ya kalli rahoton, sai shi da Midge Ure suka tara mawaƙan Birtaniya ƙarƙashin sunan Band Aid suka yi waƙa guda a ƙarshen Nuwamba, wadda ta kawo kimanin fam miliyan 8. Mawaƙan Amurka suka yi tasu a watan Janairu na 1985. Daga nan aka yanke shawarar yin biki mai suna Live Aid, aka kuma shirya shi cikin mako goma ko makamancin haka.

Ranar 13 ga Yuli, 1985, aka yi wasan a filin Wembley na Landan, gaban mutum kusan 72,000, da kuma filin JFK na Filadelfiya, inda 'yan kallo suka fi haka yawa. An shafe awa 16 ana watsa shi ta tauraron ɗan'adam zuwa ƙasashe sama da 100. Ana yawan cewa mutum biliyan ɗaya da rabi ko fiye ne suka kalla, amma wannan ƙiyasi ne na masu shiri da gidajen talabijin, babu wanda ya ƙirga. Abin da ya tabbata shi ne, a makonnin farko an tara fam miliyan 40 zuwa 50, kuma jimillar abin da ya shigo daga baya ta haura fam miliyan 100.

Daga ina ainihin kuɗin yake fitowa? Daga tikiti?

Tikiti ƙaramin rabo ne. An sayar da tikitin Wembley a kan fam 25, wato ko da kowace kujera an biya ta, abin da aka samu a ƙofa bai wuce fam miliyan 1.8 ba. Ragowar miliyoyin sun fito ne daga mutanen da ke zaune a gida suna kallo. BBC ta tanadi layukan waya 300 domin karɓar gudummawa, bankuna da gidajen waya suka ci gaba da karɓa bayan bikin, gidajen talabijin na ƙasashe suka biya kuɗin izinin watsawa ko suka buɗe tasu gidauniyar, sannan aka samu manyan masu bayarwa, kamar gidan sarautar Dubai da ya ba da fam miliyan ɗaya. Idan aka kwatanta da yawan jama'a, mutanen Ireland ne suka fi kowa bayarwa, ƙasar da ita kanta ta taɓa ɗanɗana yunwa mai tsanani a shekarun 1840.

Saboda haka mai shirya irin wannan biki ya kamata ya san cewa filin wasa wurin ɗaukar hoto ne, masu ba da kuɗin suna waje. Duk shirin da ya ƙare ƙarfinsa wajen cika fili, bai tanadi yadda mai kallo daga nesa zai tura kuɗi cikin minti biyu ba, ya bar kaso mafi tsoka a baya. A yau lambar asusun banki da saƙon waya da manhaja sun maye gurbin layukan waya 300, amma ƙa'idar ba ta canza ba: hanyar bayarwa ta kasance a kan allo koyaushe, kuma a riƙa maimaita ta tsakanin waƙa da waƙa.

Wane abu ne ya kamata a fara yi kafin a tuntuɓi ko da mawaƙi ɗaya?

A yi wa gidauniyar rajista, a naɗa kwamitin amintattu, a buɗe asusu na daban wanda ba ya cuɗanya da asusun kamfanin da ke shirya wasan, sannan a zauna da hukumar haraji. Wannan shi ne aikin da ba shi da daɗi, kuma shi ne wanda aka fi yi wa riƙon sakainar kashi. Bikin Bangaladash ya koyar da darasin da tsada. Ba a yi masa rajista a matsayin aikin agaji na UNICEF tun kafin a yi shi ba, don haka hukumar harajin Amurka ta ɗauki kuɗin faifai da na fim ɗin bikin a matsayin kuɗin kasuwanci, aka riƙe miliyoyin daloli kusan shekara goma kafin su isa inda aka nufa. Waɗanda aka tara kuɗin dominsu a 1971 sun riga sun koma gida ko sun mutu kafin mafi yawansa ya fito.

Band Aid ma ta yi karo da haraji. Gwamnatin Birtaniya ta Margaret Thatcher ta dage da farko sai an biya harajin kaya a kan faifan, sai da surutun jama'a ya yi yawa sannan ta yarda ta mayar wa gidauniyar kwatankwacin abin da ta karɓa.

Amintattu kuwa, a zaɓe su da sanin aiki. Kwamitin gidauniyar Band Aid, wadda ta riƙe kuɗin waƙar da na Live Aid, ya ƙunshi lauya da masu kamfanin faifai da mai shirya wasanni Harvey Goldsmith da babban jami'in talabijin, kowa da abin da ya iya. Kwamitin da aka cika da manyan mutane don sunansu kawai yakan yi kyau a takardar gayyata, amma ba ya zama ya duba rasit.

Ana biyan mawaƙan?

A manyan bukukuwan da aka ambata, mawaƙa ba su karɓi kuɗin wasa ba. Sai dai wannan ba ya nufin bikin kyauta ne. Akwai kuɗin fili da dandamali da na'urorin sauti da fitilu da janareta da inshora da masu gadi da likitoci da jigila da masauki da abincin ɗaruruwan ma'aikata, kuma dole wani ya biya. Ko dai kamfanoni su ɗauki nauyi, ko masu kayan su bayar kyauta ko a farashin sari, ko kuma a cire daga gudummawar jama'a. Hanya ta uku ita ce mai haɗari, domin idan masu shiri sun ce kowane kwabo zai isa ga mabuƙata, to dole su iya nuna wanda ya biya kuɗin janareta.

Ya kamata kuma a faɗi gaskiya cewa mawaƙa suna cin riba ko ba a biya su ba. Bayan Live Aid cinikin faifan ƙungiyoyin Queen da U2 ya tashi ƙwarai. Wannan ba laifi ba ne, amma dalili ne da zai hana mai shiri jin kunyar gindaya sharuɗɗa.

Wace irin yarjejeniya ake yi da su kan hotuna da sautin bikin?

A rubuta ta tun kafin ranar. Geldof ya shawo kan mawaƙa da yawa ne da alƙawarin cewa Live Aid wasan rana ɗaya ne wanda ba za a sake nunawa ko sayarwa ba. Gidan talabijin na ABC a Amurka ya goge nasa kaset, BBC kuwa ta ajiye mafi yawan nata, kuma sai a 2004 aka iya fitar da bikin a faifan DVD bayan an koma neman izini ɗaya bayan ɗaya. Ƙungiyar Led Zeppelin ta ƙi yarda a sa nata wasan saboda ba ta gamsu da yadda ya fita ba. Shekara 19 ke nan gidauniyar ba ta ci moriyar kadara mafi daraja da bikin ya bari ba, 'yan kasuwar bayan fage kuwa suna ta sayar da kwafinsu.

Yaya ake tafiyar da gomman mawaƙa a dandamali ɗaya cikin rana guda?

Da agogo, da kuma mutum ɗaya wanda maganarsa ce ta ƙarshe. A Wembley an yi amfani da dandamali mai juyawa da aka raba gida uku: kashi ɗaya na fuskantar jama'a ana wasa a kansa, a na biyu ma'aikata na jera ganguna da wayoyin ƙungiyar da za ta biyo baya, a na uku kuma ana kwashe kayan waɗanda suka gama. Mafi yawan ƙungiyoyin an ba su abin da bai wuce minti 20 ba, an kuma sa fitilar gargaɗi da mawaƙi zai gani ya san lokacinsa ya ƙare. Babu damar gwajin sauti yadda aka saba. Yayin da ake sauya kaya a Landan, sai talabijin ta koma Filadelfiya, don kada mai kallo ya ga dandamali babu kowa ya tashi daga gaban akwati. Phil Collins ya yi wasa a Landan, ya hau jirgin sama mai tsananin gudu na Concorde, ya sake yin wasa a Filadelfiya a ranar.

Duk da haka an samu tangarɗa. Makirufon Paul McCartney ya mutu na kusan minti biyu a farkon waƙarsa, hoton ƙungiyar The Who ya ɗauke a tsakiyar wasa. Babu wanda ya fasa ba da gudummawa saboda haka. Abin da ya fi motsa masu kallo a ranar ma ba waƙa ba ce: David Bowie ya yafe waƙa ɗaya daga cikin nasa lokacin domin a nuna wani gajeren hoton bidiyo na yaran Habasha da gidan talabijin na Kanada ya ɗauko, kuma bayansa ne wayoyi suka fi yin ruri.

Yaya batun tsaro da cunkoso?

Wannan ne wurin da ba a yafe kuskure. Masana harkar taro suna cewa da zarar mutane sun haura huɗu zuwa biyar a kowace murabba'in mita, haɗari ya fara, kuma mafi yawan mace-macen turmutsitsi a ƙofar shiga ko ta fita suke faruwa, inda hanya ta tsuke. A bikin Love Parade na birnin Duisburg a Jamus, a 2010, mutum 21 suka mutu a hanyar shiga guda ɗaya da ta bi ta ƙarƙashin gada. Don haka ake ƙayyade yawan tikiti ko da kyauta ne, a raba fili gida-gida da shinge, a ware ƙofar shiga daban da ta fita, a bar hanyar motar asibiti a buɗe, a kuma wadata ruwan sha.

Alhakin masu shiri ba ya ƙarewa a bakin ƙofa. Bayan bikin ƙungiyar yaƙi da talauci ta Global Citizen na cikar Nelson Mandela shekara 100 da haihuwa, wanda aka yi a filin FNB na Johannesburg ranar 2 ga Disamba, 2018, ɓarayi sun far wa 'yan kallo da ke jiran mota cikin dare a wajen filin, suka ƙwace wayoyi da jakunkuna. Washegari labarin fashin ya kusa danne labarin biliyoyin dalolin da aka yi alƙawari. Shirin yadda jama'a za su koma gida, da fitilu da 'yan sanda da motoci har sai mutum na ƙarshe ya tafi, wani ɓangare ne na bikin.

Bayan an tara kuɗin, wa ke kashe shi, kuma yaya?

Nan ne aikin yake farawa, kuma nan ne mawaƙi ba shi da ƙwarewa. Band Aid ba ta kafa tata rundunar ma'aikatan agaji ba. Ta riƙa ba da kuɗi ga ƙungiyoyin da suka riga suka san ƙasa, irin su Oxfam da Save the Children da Red Cross, ta kuma raba shi tsakanin agajin gaggawa da ayyuka masu dogon zango kamar rijiyoyi da noma da kiwon lafiya, tare da kwamitin masana da ke tace buƙatun da aka gabatar.

Wani abu da ya faru a Sudan yana nuna irin matsalar da mai shirya biki ba ya hangowa daga Landan. Hatsin agaji ya iso tashar jiragen ruwa ta Port Sudan ya taru a can, yayin da mutane ke mutuwa a Darfur, fiye da kilomita dubu ɗaya daga bakin teku, domin masu manyan motoci sun haɗa kai sun tsawwala kuɗin dako. Sai gidauniyar ta sayi nata manyan motoci, ta kuma yi hayar jiragen ruwa da ke ɗaukar kayan ƙungiyoyin agaji. Mutumin da ya ba da fam biyar yana tsammanin buhun hatsi ya saya, alhali taya da man dizal ya saya, kuma a wannan halin tayar ta fi buhun amfani.

Kuɗin bai tsaya a Habasha da Sudan ba. Farin 1984 ya ratsa yankin Sahel gaba ɗaya, kuma Chadi da Nijar da Mali da Burkina Faso suna cikin ƙasashen da suka samu kaso. Dattawan Nijar suna tuna wannan yunwa da sunan El Buhari, saboda ta zo daidai da lokacin da gwamnatin sojan Nijeriya ta rufe iyaka, hatsi ya daina ƙetarawa.

Gaskiya ne kuɗin Live Aid ya tafi sayen makamai?

A nan akwai zargi biyu da ake yawan cakuɗawa. Na farko ya fito ne a wani shirin sashen duniya na BBC a watan Maris na 2010, inda wasu tsoffin 'yan tawayen yankin Tigray na arewacin Habasha suka ce ƙungiyarsu ta karkatar da kuɗin agaji zuwa makamai. Amintattun Band Aid suka kai ƙara, kuma a watan Nuwamba na shekarar BBC ta nemi afuwa a bainar jama'a, ta ce babu hujjar da ta nuna kuɗin Band Aid ko na Live Aid na cikin abin da aka karkatar.

Zargi na biyu ya fi nauyi, kuma ba a warware shi da neman afuwa. Yunwar Habasha ba fari kaɗai ya haddasa ta ba. Gwamnatin soja ta Mengistu Haile Mariam tana yaƙi a Tigray da Eritiriya, tana hana abinci shiga yankunan 'yan tawaye, a watan Satumba na 1984 kuma ta kashe maƙudan kuɗi wajen bikin cikarta shekara goma. Daga baya ta kwashe mutane kusan 600,000 daga arewa zuwa kudu da yamma, da yawa bisa tilas, dubbai suka mutu a hanya da sansanoni. Reshen Faransa na ƙungiyar likitoci ta MSF ya fito ya ce ana amfani da cibiyoyin rabon abinci wajen tara mutanen da za a kwashe, sai gwamnati ta kore shi daga ƙasar a watan Disamba na 1985. Sauran ƙungiyoyi suka zaɓi su yi shiru su ci gaba da ciyarwa. Har yau masana na saɓani kan wanda ya yi daidai. Laifin da za a iya ɗora wa bikin kai tsaye shi ne, ya nuna wa duniya yunwar kamar bala'in sama ne kawai, bai ambaci yaƙi ba. Duk wanda zai tara kuɗi don yankin da ake rikici, wajibi ne ya tambayi wanda ke riƙe da hanya da sito kafin ya tambayi yawan buhuna.

Me ya sa Live 8 bai nemi kuɗi daga jama'a ba?

Domin masu shirin sun lissafa sun ga cewa abin da Live Aid ya tara gaba ɗaya bai kai abin da ƙasashen Afirka ke biya na bashi cikin 'yan kwanaki ba. Saboda haka a 2005 suka nufi shugabannin ƙasashe takwas masu ƙarfin arziki, waɗanda za su yi taro a Gleneagles ta Sukotland daga 6 zuwa 8 ga Yuli. Ranar 2 ga Yuli aka yi wasannin da aka kira Live 8 a Landan da Filadelfiya da Paris da Berlin da Rum da Mosko da Johannesburg da Kanada da Japan. Tikitin wasan Landan, wanda aka yi a lambun Hyde Park, kyauta ne, an raba shi ta hanyar ƙuri'a ga waɗanda suka tura saƙon waya na fam ɗaya da rabi, kuma da wasu suka fara sayar da nasu a shafin ciniki na intanet na eBay, sai matsin lamba ya sa kamfanin ya hana.

Shugabannin sun amince a yafe bashin kusan dala biliyan 40 da ƙasashe 18 ke ɗauke da shi na Bankin Duniya da Asusun Lamuni na Duniya da Bankin Raya Afirka. Ƙasashe 14 daga ciki na Afirka ne, har da Nijar da Ghana da Mali da Benin. Sun kuma yi alƙawarin ƙara wa Afirka tallafin dala biliyan 25 a shekara kafin 2010. Yafe bashin ya tabbata. Ƙarin tallafin kuwa, alƙaluman OECD, ƙungiyar ƙasashe masu arziki, sun nuna bai kai rabin abin da aka faɗa ba.

Adalci ne a ce ministocin kuɗi sun riga sun cimma matsaya kan bashin tun watan Yuni, kafin a kaɗa ganga ko ɗaya, kuma ƙungiyoyin coci da na farar hula sun shafe shekaru suna wannan fafutuka tun yaƙin neman yafe bashi na shekara ta 2000. Bikin ya ƙara zafi ne a kan wutar da wasu suka hura. Haka nan yarjejeniyar da Nijeriya ta ƙulla da ƙasashe masu bin bashi na Paris a watan Oktoba na 2005, inda aka yafe dala biliyan 18 ta biya kimanin biliyan 12, tattaunawa ce ta daban da gwamnatin Obasanjo da ministar kuɗi Ngozi Okonjo-Iweala suka yi, ko da yake yanayin shekarar ya taimaka. Abin takaici, a daidai makon da ake rawa a Hyde Park, yara na kwance a cibiyoyin tamowa na Maraɗi bayan fari da farar ɗango na 2004, kuma kiran neman agaji da Majalisar Ɗinkin Duniya ta yi wa Nijar tun watannin baya bai samu amsa ba sai da hotunan talabijin suka fito daga baya a watan Yuli.

Yaya tsarin Global Citizen yake, kuma biliyoyin da ake sanarwa kuɗi ne a hannu?

Ƙungiyar, wadda ɗan Ostireliya Hugh Evans na cikin waɗanda suka kafa ta, ta fara bikinta a 2012 a lambun Central Park na Niyok, kuma takan sa shi a watan Satumba, lokacin da shugabannin duniya ke birnin don babban taron Majalisar Ɗinkin Duniya. Mafi yawan tikiti ba a saye ake samu ba. Mutum zai sa hannu a takardar koke, ya aika wa ɗan majalisa saƙo, ya tara maki, sannan ya shiga ƙuri'a. Kamfanoni da masu sayen kujerun alfarma ne ke biyan kuɗin shiri. An kai bikin Mumbai a 2016, Johannesburg a 2018, sai dandalin Black Star na Accra a watan Satumba na 2022, inda wasu 'yan kallo suka yi wa shugaba Akufo-Addo ihu saboda tsadar rayuwa.

Biliyoyin da ake sanarwa, kamar dala biliyan 7 na Johannesburg, alƙawura ne na gwamnatoci da bankuna da kamfanoni, waɗanda za a kashe cikin shekaru ta hanyoyinsu, ba kuɗi ne da ya shiga asusun ƙungiyar ba. Kan kowane alƙawari ana iya tambaya ko sabon kuɗi ne ko wanda ke cikin kasafi aka sake sanarwa, kyauta ce ko rance, kuma zuwa yaushe. Minista yakan so ya hau dandamali gaban mutum 60,000, kuma wannan sha'awa ita ce makamin masu shiri: kada a ba shi makirufo sai ya kawo adadi da wa'adi a rubuce.

Ina mawaƙan Afirka a cikin duk wannan?

An daɗe ana wannan ƙorafi, kuma yana da tushe. A 1985 babu wani mawaƙi daga ƙasashen da ke fama da yunwar da ya samu gurbi a Wembley. A 2005, da aka fitar da jerin sunayen Hyde Park kusan duk Turawa, suka ta yi yawa har aka haɗa wani wasa na mawaƙan Afirka a Cornwall, can ƙuryar kudu maso yammacin Ingila, ƙarƙashin jagorancin Peter Gabriel da Youssou N'Dour. Hujjar masu shiri ita ce suna neman waɗanda suka fi sayar da faifai don kada mai kallo ya canza tasha. Ta fuskar kasuwa hujjar na da ma'ana, amma sakamakonta shi ne an nuna ɗan Afirka yana miƙa hannu, ba a nuna shi yana magana ba. Mawaƙi Fuse ODG, ɗan asalin Ghana, ya ƙi shiga sabuwar waƙar Band Aid ta 2014 saboda wannan dalili.

'Yan Afirka kuwa ba su zauna jira ba. Manu Dibango na Kamaru ya tara mawaƙan nahiyar a Paris suka yi wa Habasha faifai a tsakiyar shekarun 1980, kuma lokacin cutar Ebola a 2014, Tiken Jah Fakoly da Salif Keita da Oumou Sangaré da wasu suka yi waƙa cikin Faransanci da harsunan yankin, wadda ke gaya wa mutane su amince da likita su kuma daina taɓa gawa.

To, biki zai iya kawar da talauci?

A'a, kuma mai shirin da ya yi wannan alƙawari yana yaudarar masu ba shi. Raguwar talauci mafi girma a wannan zamani ta faru ne a Sin, inda ɗaruruwan miliyoyi suka fita daga fatara ta hanyar gyaran noma da masana'antu. Abin da biki ke iya yi shi ne ya sayi hankalin jama'a na kwana ɗaya, ya mayar da shi kuɗi ko matsin lamba. Yana aiki idan buƙatar takamaimiya ce, mai adadi da wa'adi da wanda za a tuhuma: abinci kafin damina, bashin ƙasashe 18, kuɗin rigakafin shan inna. Farm Aid, wanda Willie Nelson da Neil Young da John Mellencamp suka fara a watan Satumba na 1985 don ƙananan manoman Amurka, bai taɓa kai girman Live Aid ba, amma ana yin sa kusan kowace shekara har yau, yana da ofis da layin waya da manomin da bashi ya yi wa katutu zai kira.

Za a iya yin irinsa a ƙasar Hausa?

Ƙaddamar da gidauniya ba baƙon abu ba ne a nan, kuma ciwonta sananne ne: attajiri ya miƙe a gaban jama'a ya yi shelar miliyoyi, maroƙa su yi masa kirari, bayan wata shida kwamiti na zarya a ƙofar gidansa. Asusun tallafa wa waɗanda rikicin Boko Haram ya shafa, wanda aka ƙaddamar a Abuja a 2014 ƙarƙashin Janar T. Y. Danjuma, ya samu alƙawarin sama da naira biliyan 50 a dare ɗaya, kuma an daɗe ana bin kaso mai yawa daga ciki. Maganin shi ne kada a sanar da adadi sai wanda ya shiga asusu, a kuma buga sunayen waɗanda suka cika.

A Nijeriya za a buƙaci rajistar amintattu a hukumar rajistar kamfanoni ta CAC, da rajista a sashen SCUML mai sa ido kan halasta kuɗin haram, da izinin 'yan sanda, a Kano kuma da amincewar hukumar tace fina-finai. Dole a yi la'akari da malamai da sarakuna tun a matakin shawara, domin taron kiɗa mai cakuɗa maza da mata cikin dare zai jawo wa gidauniyar suka fiye da kuɗi, kuma masu hannu da shuni da yawa sun fi sakin jiki da zakka da waƙafi da ciyarwar azumi. Wasan rana a zaure mai ƙayyadaddun kujeru, wanda gidajen rediyo da Facebook za su watsa kai tsaye tare da lambar asusu, ya fi dacewa da wurin fiye da cika filin ƙwallo.

Abu ɗaya ne ba a sassauta masa: kada a haɗa wasan da rabon kaya a wuri guda. A watan Disamba na 2024, yara 35 suka mutu a turmutsitsi a wani bikin yara na Ibadan bayan an yi shelar za a raba kuɗi da abinci, kuma cikin kwana uku aka sake rasa rayuka a wuraren rabon shinkafa a Abuja da Okija. Rabo ana yin sa ne a wata rana daban, unguwa-unguwa, da jerin sunayen da masu unguwanni da limamai suka tantance, da kati mai lamba da lokacin da kowa zai zo.